Mitfai mai dambun nama da yajin tsire, da koren sos na ɗoɗɗoya

Assalamu alaikum 'yan uwa, uwargida da amarya da 'yan mata masu shirin shiga daga ciki, har da mazan da ke leƙa kicin don na san akwai su. Abin da ya sa na zauna rubuta wannan, kwanaki na je wani suna a Unguwar Rimi aka raba mana ledar kayan ƙwalama, na dawo gida na ɓare mitfai ɗin ciki, wallahi fulawa ce zalla sai ɗan dankali da karas guda huɗu suna iyo a wani farin ruwa mai warin kori, naman kam sai dai a ce Allah ya jiƙan rai. Abin ya tsaya min a rai ba don kuɗin da maijego ta kashe kaɗai ba, sai don tunanin wai mu da muke da dambun nama, muke da tsire da balangu da kilishi, muke da yajin ƙuli wanda ko a kan gurasa aka barbaɗa sai an lashe yatsa, amma in za mu cusa abu a cikin fulawa sai mu ajiye duk wannan mu ɗauko kori da tayim kamar an saukar da su a littafi. Tun daga lokacin na koma yin nawa da kayanmu, kuma yau shi zan koya miki tiryan-tiryan.

Abin haɗin gambiza ne, ban ɓoye ba. Kwaɓin fulawar na mitfai ne da muka gada wajen Turawan Ingila, girman da ninkin kuma na ɗauko daga wanda mutanen Ajantina ke yi suna kiran shi emfanada, ƙanana ne da loma biyu ko uku ta cinye. Cikin namu ne tsaf, dambu da yaji. Sos ɗin kuwa ɗan uwan cimicuri ne, wani ɗanyen haɗin ganye da tafarnuwa da mai da ruwan kal da 'yan Ajantina da Yurugwai ke zubawa a kan gasasshen nama, kuma yana kama da koren catni da Indiyawa ke cin samosa da shi, sai dai ni ɗoɗɗoya ce a gaba a nawa. Masu cewa ai wannan ɓata girki ne su tuna ita kanta samosar da muke ji da ita lokacin shan ruwa daga ƙasar Farisa ta shiga Indiya kafin ta iso mana, kowa ya karɓa ya zuba abin garinsu a ciki. Balle mu 'yan Kaduna garin gwamna, da a layi ɗaya za ki samu mai waina da mai shawarma da mai doya da ƙwai suna jere.

Abu ɗaya nake so ki riƙe kafin mu je ko'ina, don shi ne gaba ɗayan sirrin: ruwa ba ya zama a cikin haɗin nama, wurin ruwa sos ne. Duk mitfai ɗin da kika ga ya fashe a oben ko gindinsa ya yi caɓa-caɓa, ko kika jefa a mai ya hau tartsatsi yana buɗe baki, to haɗin cikin ne ya jiƙe, zafi ya mayar da ruwan tururi, tururin ya nemi hanya ya ɓalle liƙin. Shi ya sa dambu ya dace da wannan aikin fiye da niƙaƙƙen nama, don dama can dambu an yi shi ne ya bushe. Laushin da bakinki zai nema kuma sos ɗin ne zai kawo shi lokacin ci.

Toh cefane. Nama rabin kilo, tsoka zalla ta saniya, ki ce wa mahaucin naman dambu kike so zai gane, na cinya mara jijiya, amma ki roƙi ɗan kitse kaɗan kamar girman ƙwai a gefe don za mu yi amfani da shi. Ni in da hali da safe nake aikawa mayankar Zango a Tudun Wada don a samu sabon yanka, in ba hali na bakin layi ma ya yi in dai na ranar ne. Albasa manya guda 3, attaruhu 3 ko 4 gwargwadon yadda gidanki ke cin yaji, tafarnuwa, ɗanyar citta, dankalin Hausa madaidaici guda 1, yajin ƙuli irin na masu tsire, magi, gishiri, man gyaɗa. Citta dai kin san tamu ce, daga Kaciya da Kagarko da ƙasar Jaba ake lodinta, duk da tun cutar da ta faɗa wa gonakinta a 2023 ta yi tsadar da ba mu saba ba, amma ɗan yanki kamar babban yatsa ya ishe ki a nan. Kayan ganyen kuwa ki leƙa Bakin Dogo ko Kasuwar Abubakar Gumi da sassafe kafin rana ta dake su: ɗoɗɗoya, lawashi, na'a-na'a, fasili (wato ganyen parsley) in kin samu, sai lemon tsami. Ki sayi ganyen ranar da za ki yi amfani da shi, in ya kwana ya yi yaushi ƙamshin ya ragu da rabi.

Da haɗin nama ake farawa ba da fulawa ba, saboda sai ya huce sarai kafin ya taɓa kwaɓin, in ma da hali ki yi shi tun daren jiya. Ki wanke naman ki yanka manya-manya, ki zuba a tukunya da rabin albasa ɗaya, dakakkiyar citta da tafarnuwa, magi 2, gishiri kaɗan, ki ɗora ba tare da ruwa ba tukun ya fitar da nasa ruwan ya tsotse, sannan ki ƙara ruwa daidai kan naman ki rage wuta. Zai ɗauki awa ɗaya ko fiye, ya danganta da shekarun saniyar, abin da kike nema shi ne ki matsa da cokali ya rabe da kansa. Kafin ruwan ya ƙafe ki ɗebi kamar rabin kofi na romon ki ajiye gefe, kar ki manta da wannan. Sauran ki bar shi ya shanye a jikin naman. Sai ki juye a turmi da zafinsa ki kirɓa har ya zama zare-zare, in ya huce wahala zai ba ki. Kar ki sa a bilenda don Allah, bilenda tana mayar da shi kamar tuwo ne, zaren nan da ake so a ji a haƙori ya tafi kenan.

A nan ne muka rabu da dambun biki. Shi na biki ana soya shi ne har ya bushe ƙarau ya yi wata bai lalace ba, to namu ba za mu kai shi can ba don zai sake shiga wuta a cikin fulawa, in kika busar da shi tun yanzu to ƙarshe kamar audugar katifa za a riƙa taunawa. Ki yanka sauran albasar nan sirara-sirara, duka, za ki ga kamar ta yi yawa amma za ta zube. Ki narka ɗan kitsen nan a kasko da man gyaɗa cokali 3, ki zuba albasar da ɗan gishiri ki rage wuta ki yi ta juyawa minti 20 zuwa 25 har ta yi laushi ta koma ruwan zuma. Kar ki yi gaggawa a nan, albasar da aka soya a hankali zaƙi take yi, ita ce ke riƙe danshin haɗin ba tare da ta kawo ruwa ba, wadda aka babbake da wuta mai ƙarfi kuwa ɗaci kawai za ta ba ki. Ta yi, sai jajjagen attaruhu, minti 2, sai naman. Ki juya su haɗu, ki kawo dafaffen dankalin Hausan nan da kika murƙushe ki zuba, aikinsa ya kama zaren naman wuri ɗaya yadda in an gutsura ba zai zubo a jikin mutum ba, kuma ɗan zaƙinsa yana tafiya da yaji sosai. Wadda ba ta son zaƙi ta sa na Turawa, na Jos ɗin nan mai gari.

Yajin ƙuli a ƙarshe ake sa shi, bayan kin sauke, cokali 3 manya. In kika sa shi a kan wuta ƙulin yana kamawa a gindin kasko ya yi ƙauri nan take. Kuma ki ɗanɗana yajin kafin ki zuba don na wasu masu tsiren gishiri da magi sun riga sun yi yawa a ciki, shi ya sa na ce gishiri kaɗan tun a tafasa. In naki za ki haɗa, ƙuli-ƙuli mai kyau wanda bai yi fumfuna ba kofi 1, busasshen barkono, busasshiyar citta, masoro, kanumfari 'yan ƙwaya, kimba ɗaya, gishiri, ki daka ki tankaɗe. Yanzu ki duba haɗin: ki dunƙula kaɗan a hannu, in ya kama jikinsa bai ɗiga ba kuma bai wargaje ba ya yi daidai. In ya wargaje ki yayyafa romon nan da kika ajiye cokali-cokali har ya kama. Ki baza a faranti ya sha iska. Kuma ya ɗan fi yadda kike so ɗanɗano kaɗan, don fulawa tana cinye gishiri.

Sai kwaɓi. Fulawa rabin kilo, wato kofi 4 na awo, in da gwangwanin madara na ruwa kike awo kamar 6 kenan a shafe ba a tula ba. Bota giram 200, gishiri ƙaramin cokali 1, bekin fauda ƙaramin cokali 1, ƙwai 1, ruwa mai sanyi kamar rabin kofi. Suga ni ba na sawa, mitfai mai zaƙi kamar cincin ba ya shiri da yajin ƙuli. Ki tankaɗe fulawar da gishiri da bekin fauda, ki sa botar tana da sanyi, ki murtsuke da kan yatsu ba da tafin hannu ba har ta koma washar-washar kamar dambun shinkafa kafin a turara. Ki fasa ƙwan ki juya, sai ruwa kaɗan-kaɗan, kina tattarawa ba kina bugawa ba. Da zarar ya haɗe wuri ɗaya ki tsaya. Wannan wurin ne mutane da yawa ke ɓata aiki, sun saba da kwaɓin burodi da fanke da ake so a buga ya yi danƙo, to a nan danƙon shi ne abokin gaba, fulawa in ta haɗu da ruwa aka yi ta murza ta wani sinadari ne a cikinta ke miƙewa ya yi kamar roba, shi ne za ki murza ya riƙa komawa baya, in an gasa kuma ya yi tauri. Botar da kika fara murtsukewa ita ke lulluɓe garin ta hana ruwan kama shi duka, shi ya sa ake fara ta kafin ruwa.

Ki naɗe a leda ki ajiye minti 30, a firji in akwai wuta, in babu ki ɗora kwanon a kan randa ko wuri mafi sanyi a gidan. Yanayin garin nan ma sai an yi la'akari da shi. Lokacin hunturu, Disamba zuwa Janairu, iskar nan tana busar da kwaɓi kafin ki juya, za ki ga gefen yana tsattsagewa, sai ki ƙara ruwa cokali ɗaya ko biyu kuma duk abin da ba ki aiki a kansa ki rufe da tsumma mai ɗan danshi. Lokacin zafin Maris da Afrilu kuwa botar ce ke narkewa a hannu kwaɓin ya yi ta naso, to ki yi aikin da asuba bayan sallah ko da dare, ki raba kwaɓin kashi huɗu kina ɗaukar ɗaya-ɗaya.

In soyawa za ki yi ba gashi ba, wannan kwaɓin bai dace ba, bota ta yi yawa zai sha mai ya narke miki a kasko. Na suya fulawa rabin kilo, man gyaɗa cokali 6, gishiri, ruwa, ba bekin fauda ba ƙwai, kuma ya yi ɗan tauri. Shi ke nan bambancin.

Wajen murzawa ki barbaɗa fulawa kaɗan a tebur, in ba ki da katakon murzawa kwalba mai santsi ta wadatar. Kaurin kamar milimita 3, wato ya ɗan fi kwali kauri kaɗan, na suya kuma ya fi haka siranta. Ki yanka da bakin kofin silba ko murfin kwano mai faɗin kamar tafin hannu, santimita 10 zuwa 12, wannan awon zai ba ki guda 20 ko sama da haka kaɗan. Haɗin nama cokali ɗaya babba a tsakiya, na san zuciya za ta ce ki ƙara tunda abin da ya kawo mu kenan, amma ki bar gefe kamar faɗin yatsa babu komai, kuma ko ɗigon mai kar ya taɓa gefen don inda mai ya taɓa ba ya liƙuwa. Ki shafa ruwa da yatsa a rabin gefen, ki ninke kamar rabin wata, ki fara dannawa daga kusa da naman zuwa waje don iskar ciki ta fita, sannan ki bi da cokali mai yatsu. Masu son ado su yi irin ninkin 'yan Ajantina, ki kama ƙarshen gefe ɗaya ki lanƙwaso shi ciki ki danne, ki kama na gabansa ki lanƙwaso a kan na farkon, haka har ƙarshe, sai ya fito kamar igiya ko kitson shuku. Guda biyar na farko sai a hankali, daga nan hannu zai saba. Amfaninsa ba kyau kaɗai ba ne, ya fi cokali riƙewa, musamman a mai.

Na gashi ki huda saman sau biyu da cokali mai yatsu, ki kaɗa ƙwai ɗaya da madara cokali ɗaya ki shafa, in kina da riɗi ki barbaɗa, riɗi da yajin ƙuli kamar an halicce su tare ne. Oben ya riga ya yi zafi kafin ki sa, digiri 190, minti 25 zuwa 30 har saman ya yi ja mai kyau, ki ɗaga ɗaya ki duba gindin shi ma ya yi. In kika sa a oben mai sanyi botar za ta narke ta gudu kafin fulawar ta kama jikinta.

Wadda ba ta da oben kar ta ce abin ya wuce ta, ni na fi shekara ina yi a tukunya kuma har yanzu in gas ya ƙare gawayi nake hurawa. Ki samu babbar tukunya mai kauri wadda kika haƙura da ita, ki zuba yashi mai tsabta busasshe ko ƙananan duwatsu kamar kaurin yatsa biyu, ki rufe ki bar ta a wuta minti 15 ta ɗau zafi. Ki ɗora gwangwanaye uku marasa fenti ko wani ƙarfe a kan yashin, ki ɗora farantin silba da kika shafa wa mai a kai yadda bai taɓa yashin ba, ki jera, ki rufe. Matsalar tukunya zafin daga ƙasa yake zuwa, gindi ya ƙone sama na fari, maganinta ki rage wutar ƙasan ki ɗebi garwashi ki zuba a kan murfin. Kar ki yi ta buɗewa, bayan minti 20 ki leƙa sau ɗaya a hankali kar toka ta zuba, yawanci minti 35 zuwa 40 ya yi.

Suya kuma mai ya zama mai yawa yadda za su yi iyo, kuma kar ya yi zafin hayaƙi. Ki jefa ɗan guntun kwaɓi, in ya nutse ya ɗan jima kaɗan sannan ya taso da ƙananan kumfa to daidai ne, in ya taso nan take ya yi ja ki rage wuta, in ya kwanta a ƙasa shiru ki jira. Huɗu ko biyar a lokaci ɗaya, minti 6 zuwa 8 kina juyawa, ki tsame a kwando ba a roba mai murfi ba, tururi na kashe ƙaras-ƙaras ɗin.

Yanzu sos, wanda ni a wurina shi ne ya mayar da abin nan na daban. Kin ga duk abin da muka yi zuwa yanzu mai nauyi ne, fulawa, bota, nama, ƙuli, in mutum ya ci uku zai ji ya ginshe shi. Ɗanyen ganye da tsami su ke wanke baki su sa a sake miƙa hannu, dalilin da ya sa mai tsire ke yanka miki ɗanyar albasa da tumatir kenan a gefe. Ɗoɗɗoya mun saba ganinta a farfesu ne kawai ko a ce maganin ciki, amma ɗanyarta da lemon tsami wani abu ne daban. Sai dai tana da ƙarfi, in ta yi yawa bauri take yi ta danne komai, don haka awon da na tsaya a kai bayan gwaji da yawa shi ne ɗoɗɗoya cikin hannu 1, fasili cikin hannu 2, na'a-na'a rabin hannu, lawashi sili 3. In ba a samu fasili ba ki ƙara lawashin ki haɗa da ɗan ganyen alayyahu ɗanye mai taushi don ya cike, ba zai zama iri ɗaya ba amma yana yi. Ganyen koriyanda ma yana shiga in gidanki na son shi, wasu ba sa jure ƙamshinsa.

Tunda ɗanye za a ci, wanki ba wasa. Yawancin ganyen rani na lambun bakin kogi ne, don haka ki cire ganyen daga itacen, ki wanke a ruwa mai yawa sau uku kina tsamewa sama yashi na zama a ƙasa, ki jiƙa minti 10 a ruwan da kika sa gishiri da ruwan kal, ki ɗauraye da ruwan sha mai tsabta, sannan ki baza a tsumma ya tsane sarai. Jiƙaƙƙen ganye yana sa sos ya tsinke kuma man ya ƙi kama shi.

Ki daka tafarnuwa ƙwaya 3 da gishiri rabin ƙaramin cokali da ɗanyen attaruhu kore guda 1 a ƙaramin turmi har su yi laushi, ki matse lemon tsami 2 ko 3 a kai ki bar shi minti 10, tsamin yana kashe gafin tafarnuwar. Ki tace 'ya'yan lemon kar ko ɗaya ya shiga, ɗaci gare su. Ganyen kuma da wuƙa mai kaifi za ki yanka ƙanana sosai, ko ki ɗan daddaka sama-sama. Na san bilenda ta fi sauƙi, amma tana ɗumama ganyen tana dukan shi da iska, ɗoɗɗoya da na'a-na'a kuwa da sun ji haka suke yin baƙi, kafin ki kai tebur koren ya koma kalar miyar kuka. In dole sai bilendar to ki sa man tare da ganyen ki danna sau huɗu biyar a taƙaice. Mai rabin kofi. 'Yan Ajantina wasu man zaitun suke sawa, in kina da shi bismillah, amma ni man gyaɗa na fi so don yana amsa ƙulin da ke cikin naman. In na matan ƙuli ne mai ƙarfin ƙamshi ki soya shi da yankin albasa tukun ki bar shi ya huce gaba ɗaya, mai zafi a kan ganye dafa shi zai yi. Ki zuba man a kan ganyen ki juya ya lulluɓe shi, sannan ki kawo haɗin lemon da tafarnuwa. Ki ɗanɗana da guntun mitfai ɗin ba da cokali zalla ba, a cokali zai yi kamar tsamin ya yi yawa alhali a kan nama daidai ne. Ya zauna minti 20 kafin a ci.

Yara da tsofaffin da ba sa son yaji, ki ɗebi cokali 3 na sos ɗin ki dama a kofi ɗaya na kindirmo mai kauri mara suga ko yogot mara zaƙi, sai ya zama wani farin sos mai sanyi, kakar yarana wannan kaɗai take ci. Shi wannan na ranar ne, ba ya kwana. Na man kuma a kwalba mai murfi cikin firji kwana 2 zuwa 3, kar ki bar shi a waje ya kwana don ɗanyar tafarnuwa a cikin mai ba ta son zaman ɗumi, tana iya zama illa ko da bai canza wari ba. In wuta ba ta tsayawa a unguwarku ki yi daidai na ci ɗaya, ba wani aiki ne mai yawa ba. Launin zai ɗan dusashe washegari saboda lemon, wannan ba lalacewa ba ce.

In kin gane kan abin za ki ga ba sai naman saniya ba. Kaza tana yi, musamman ta Hausa da aka dafa ta yi laushi aka zare ƙashi. Ragowar naman layya da aka soya, ki ɗan tafasa shi ya saki sannan ki kirɓa. Busasshen kifi tarwaɗa da albasa mai yawa. Wanda ya ba ni mamaki kuwa na zogale ne, dafaffen zogale da aka matse ruwan tas, dakakken ƙuli, albasa, attaruhu da soyayyar awara da aka marmasa, wato kwaɗo kenan a cikin fulawa, ranar da kuɗin nama bai samu ba shi nake yi kuma a ranar ake cinye shi tas. Sai dai ki tuna duk waɗannan akwai gyaɗa a ciki, in za ki kai wa baƙi ko makaranta ki faɗa, akwai waɗanda jikinsu ba ya karɓarta.

Masu shirin azumi ko biki, ana iya naɗewa a ajiye ɗanye. Ki jera a tire ba tare da sun taɓa juna ba ki sa a firiza su daskare, sannan ki juye a leda, ranar da ake so daga firiza sai oben kai tsaye, ba a jira su saki, ki shafa ƙwai ki ƙara minti 5 zuwa 8 a kan lokacin gashi. Wannan sai firizar da ke riƙe ƙanƙara, wadda ke narkewa ta sake kamawa kullum kar ki ajiye nama a fulawa a cikinta, gara ki ajiye haɗin naman shi kaɗai na kwana biyu ki riƙa kwaɓa fulawa sabuwa. Wanda aka riga aka gasa kuma ya rage, in za ki ɗumama ki sa a busasshen kasko ki rufe a wuta kaɗan minti 5 kina juyawa, zai dawo kamar yanzu aka sauke. Sos ɗin ki fito da shi daga firji tun kafin ki ɗora kaskon don man ya saki, ki juya shi da cokali, in ya yi kauri ki ƙara matsa rabin lemon tsami.